Rigar da Surukata Ta Wanke

Ku yaran nan masu zuwa da 'yar kyamara kuna cewa za ku yi fim, duk wanda ya shigo shagona a cikinku ya tarar ina goga gwiwar wando da sanfefa sai ya ƙunshe dariya. Jikata ma haka take. In aka tambaye ta aikin kakanta, sai ta amsa da Turanci wai lalata kaya nake yi ana biyana. Ban musa ba. Sana'ata ke nan shekara da shekaru, a kawo mini riga sabuwa dal in mayar da ita kamar an yi shekara goma ana sa ta, don a yi fim da ita. Wanda yake ganin wasa ne, ga sanfefa ga wando. Mutum uku na ba a cikinku, kuma dukansu abin da suka miƙo mini ya fi kama da wandon da kare ya yi wasa da shi.

Ni ɗan tela ne. Mahaifina a Ƙofar Wambai yake da shago, kuma mutum ne da in ya ga silin zare ɗaya yana reto a rigar da ka gama, sai ka ji ƙugun almakashi a bayan hannunka. A farkon shekarun tamanin na zo Landan karatun ɗinki da kuɗin gwamnati. Shekara ɗaya aka yi kuɗin ya tsaya cak, kamar yadda ya tsaya wa da yawa daga cikinmu. Na shiga neman aiki har na faɗa wani lungu a Marylebone, kusa da gidajen rediyo da talabijin, inda wata gajeriyar tsohuwa mai suna Doris take da shagon ɗinka wa 'yan fim kaya. Har mahaifina ya koma ga Allah ban gaya masa ainihin aikina ba. Kwat nake ɗinka wa Turawa, iyakar abin da ya sani ke nan.

Aikina na farko kwat ce ta wani malamin makaranta a wani wasan talabijin. Kwana shida na yi a kanta, na fitar da ita yadda ko mahaifina ba zai sami abin cewa ba. Doris ta juya ta, ta duba ɗinkin ciki, ta gyaɗa kai. Sai ta miƙo mini magogi irin wanda mata suke goga kuɓewa da shi, ta ce, "Ta yi kyau. To, yanzu kashe ta." Na ɗauka tsufa ne ya fara taɓa ta. Da na ga da gaske take, na rufe ido na bi kwat ɗin da guga ko ta ina. Ta karɓa ta jefar a kwando, ta ce, "Wannan mota ce ta take ta. Ni malamin makaranta na ce maka. Da wane hannu yake rubutu? Me yake sawa a aljihu? Yana da mata ko ba shi da ita?"

Daga ranar ta hana ni taɓa kaya, ta ce in je in koyi kallon mutane. Wata guda na yi ina hawa bas a Old Kent Road, ba inda za ni, ina dai kallon gwiwar hannun mutane da wuyan rigunansu. A nan na gane direba kafaɗarsa ɗaya ce take koɗewa, mai shan taba aljihunsa ɗaya ne yake zubowa, gwauro kuma maɓallansa ba sa zama iri ɗaya. Kallon ya ƙare ne ranar da wata mata ta gaji da ni ta ɗaga mini jaka.

Kayan aikin ba su da tsada, shi ya sa kuke raina su. Sanfefa da burushin ƙarfe na cinye gefen hannu da bakin aljihu. Ruwan shayi na kashe hasken farin yadi. Kyandir ake gogawa a gwiwar hannu a bi da dutsen guga, sai wurin ya yi ƙyallin tsufa. Duwatsu kuma a cika aljihu da su a rataye rigar kwana uku don ya saki. Abu biyu ni na kawo su shagon daga gida. Man kaɗanya ya fi duk wani mai na Turawa fitar da maiƙon wuyan riga, ruwan goro kuwa ba abin da ya kai shi kwaikwayon tsatsa. Doris takan tsaya tana kallona ina tauna goro ina tofawa a kofi, ta ce ita dai ba ta gani ba.

Doka biyu ta ɗora ni a kai. Ta farko, duk rigar da babban ɗan wasa zai sa, a yi ta guda biyu, a tsufar da su iri ɗaya tabo da tabo. Dalili shi ne fim ba a jere ake ɗaukarsa ba. Mutum zai buɗe ƙofa yau, amma shigarsa ɗakin sai bayan wata guda za a ɗauka, kuma tabon da ke ƙirjinsa a waje dole a same shi a ciki. Ta biyu, ɗan wasa awo biyu gare shi. Na gaskiya a rubuta a littafi a kulle a durowa. Wanda yake son ji kuma a ɗinka a ƙyalle a manna a wuyan rigar.

Wanda ya koya mini amfanin doka ta biyu wani Bafaranshe ne da zan kira Lusiyan. A lokacin tauraronsa yana haskawa, yana yin fim a ƙasarsu yana kuma tsallakowa nan. Dogo ne kyakkyawa, kuma ya san da haka fiye da kowa. Ranar da na fara auna shi na zagaya tef a ƙirjinsa na ga inci arba'in da biyu. Kafin in buɗe baki ya ce, "Arba'in, ko ba haka ba, Abu?" Sunana Habu, amma harshensa bai taɓa kama farkon sunan ba. Na dubi Doris, ta dubi rufin ɗaki. Na ce, "Arba'in cif, Yallaɓai." Shekara ta zagayo littafi ya ce arba'in da uku, wata ta zagayo ya ce da huɗu. Wuyan rigarsa kuwa yana nan a arba'in, ko gezau.

Ga shi da ƙin datti. An taɓa ba shi rawar fursunan da ya yi shekara bakwai a kurkuku, na yi mako biyu ina wahala a kan rigar. Ya sa ta, ya tsaya gaban madubi, ya kama wuyan da yatsa biyu. "Abu, ƙazantar ta yi kusa da fuskata. Mayar da ita ƙasa, inda kyamara ba ta zuwa." Na ce, "Yallaɓai, a kurkukun nan wa yake wanke maka wuyan riga?" Ya ce mata ba kurkuku suke biya su gani ba. Haka aka yi fim ɗin, fursuna da farin wuya kamar ango, kuma matan suka cika sinima.

Sai mummunar shekara ta zo. Aikin fim ya yi ƙasa a ƙasar nan, waya ta daina ƙara a shagon. Doris ta yi ta jira har ta gaji, ta sayar da kaya ta koma wajen 'yar uwarta a bakin teku. Ni ta bar mini akwatin kayan aiki da littafin awo. Na koma bayan wani shagon wanki da guga a Old Kent Road ina rage tsawon wanduna, a ƙarshen mako kuma in ɗinka wa Alhazan da suke da gidaje a Marylebone kaftani. Hannuna ya riga ya lalace. Wani Alhaji ya dawo mini da kaftani yana faɗa, wai sabo ya ba ni amma aljihun ya yi kamar na mai tara goro. Ban san lokacin da na ja shi ba.

Ina nan a bayan shagon, a farkon shekarun casa'in, sai ga Lusiyan ya cika ƙofa. Gashi ya ja baya, tumbi ya matso gaba. Ya ce ya daina tsayawa gaban kyamara, yanzu shi furodusa ne, wato shi yake nemo kuɗi ya ɗauki ma'aikata, in fim ya faɗi kuma a kansa yake faɗuwa. Wannan ne fim ɗinsa na farko, har gidansa na Faransa ya jinginar saboda shi. Labarin wani leburan tashar jirgin ruwa ne da ya zo Landan neman ɗan uwansa, kuma daga farkon fim har ƙarshe riga ɗaya ce a jikinsa, shuɗiyar rigar leburori ta auduga mai kauri. Na ce to, guda biyu zan yi. Ya ce ɗaya. Yadin tsohon yayi ne, a wata kasuwar ƙauye ya samo shi, na riga ɗaya ne kawai, kuma ba shi da kuɗin aika mutum neman wani. Na tuna masa dokar Doris. Ya ce Doris ba ta jinginar da gidanta ba.

Na yi mamakin yadda kujera take sauya mutum. Wanda da yake gudun datti, yanzu shi ne yake tsaye a kaina yana cewa, "Ƙara, Abu, ƙara a wuyan. Datti ba ya cin kuɗi." Saurayin da aka ba rawar ya yi ƙorafi cewa rigar tana ƙarni, Lusiyan ya yi masa wa'azi a kan sadaukarwar ɗan wasa. Ni kuwa na duƙar da kai ina tauna gorona. Mako uku na yi a kan rigar nan, kuma ban taɓa yin aikin da ya kai ta ba. Na ɗauki hotunanta gaba da baya, kowane tabo da wurinsa.

An ɗauki rabin fim, aka ba da hutun kwana biyar, a dawo ranar Litinin. Wurin ajiyar kayanmu ba shi da makulli na kirki, don shi ma an yi masa rowa. Ranar Laraba na taho da rigar zuwa gidanmu da ke saman bene, na ƙara mata alamar gumi a hammata, na rataye ta a banɗaki ta bushe. Abin da ban sa a lissafi ba shi ne Hajiya, mahaifiyar matata Binta, wadda ta zo daga Kano wankan jegon 'yarmu ta fari.

Ranar Alhamis da hantsi na fita sayen zare. Da na dawo, tun daga matakala na ji ƙamshin turaren wuta. Na shiga falo, sai ga rigar a kan kujera, a ninke kamar daga kanti. An wanke ta da ruwan zafi, an sa mata sitati, an goge ta har tana iya tsayuwa da kanta. An cike hujin gwiwar hannu da ɗinki. Maɓallan da na yi yawon kasuwa uku kafin in haɗa su, kowanne da kalarsa, an cire an sa sababbi iri ɗaya. An kuma turara ta.

Binta ta leƙo daga ɗaki da jaririya a kafaɗa, ido ya raina fata. Ta ce a hankali, "Wallahi Malam barci nake. Kafin in tashi har ta yi finishing."

To, ku da aka haifa a nan ba za ku gane tsaka mai wuyar da na shiga ba. Suruka ce. Ko ido ba na haɗawa da ita, balle in ɗaga murya. Na cire takalmi na durƙusa a bakin ƙofa. Hajiya tana zaune tana jan carbi, ta kalli bango ta ce, "Binta, ki gaya wa maigidan, talauci ba abin kunya ba ne, kowa da lokacinsa. Amma namiji da matarsa, ga surukarsa a gida, ba ya yawo da tsumma a ƙasar mutane."

Gidan mutum a Faransa yana rawa, aikina yana rawa, domin a sana'armu wanda ya ɓata rigar babban ɗan wasa a tsakiyar fim ba a sake kiransa. Na buɗe baki na ce, "Allah ya saka da alheri, Hajiya. Allah ya ƙara girma."

"Amin," in ji ta. "Ɗan abin da ba shi da yawa."

Na sauka na kifar da kwandon sharar gidan gaba ɗaya har na tsinto maɓallan nan biyar. Daga nan na hau jirgin ƙarƙashin ƙasa zuwa ofishin Lusiyan, wani ɗan ɗaki a saman kanti. Na ajiye rigar a kan teburinsa. Ya dube ta, ya shinshina, ya zauna a hankali kamar mai ciwon baya. Na gaya masa komai. Ya ce, "Me ka ce wa matar?" Na ce godiya na yi mata. Sai ya tambaya ko akwai gyara.

Na ce tabo ba matsala ba ne, ina da hotuna, zan mayar da kowanne wurinsa. Matsalar jiki ce. Rigar ta riga ta ɗauki surar mai sa ta, lanƙwasar hannu da zubowar kafaɗa, kuma sitati da guga sun kashe wannan duka. Ba burushin da yake dawo da shi. Sai dai mutum mai ƙirji arba'in ya sa ta kwana uku, ya yi aikin ƙarfi a ciki, ya yi gumi, ya kwana da ita. Saurayin da yake sa ta ya tafi Faransa hutu, kuma in magana ta fita masu ba da kuɗi za su ji.

Sai na ga fuskar Lusiyan ta washe. Ya miƙe ya fara cire kwat ɗinsa. "To ai an gama. Ni zan sa ta. Arba'in ce, ni ma arba'in nake. Kai da kanka kake auna ni."

Ya zura hannu ɗaya. Ina kallon ɗinkin bayan rigar, wanda ni na sassauta shi da gangan don ya yi kama da tsoho. In ya zura na biyu ya motsa kafaɗa, rigar za ta rabe gida biyu, kuma ba yadin da za a yi wata. In na yi magana kuma, ƙaryar shekara goma ce zan kwance a gaban mutumin da ya taɓa korar mai kwalliya saboda ta ambaci furfura. Tsoro ya kama ni sosai, ba zan ɓoye muku ba. Amma ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

Na riƙe hannun rigar na ce, "Yallaɓai, arba'in da shida."

"Me?"

"Ƙirjinka. Arba'in da shida. Ranar da na fara auna ka ma arba'in da biyu ne."

Ya zare hannunsa a hankali, ya shimfiɗa rigar a tebur, ya shafa ta. Sa'an nan ya ce, "Abu, kana tsammani a gidana babu tef? Na sani tun kafin ka san ni. Ƙyallen wuyan nake saya a wajenku." Ya mayar da kwat ɗinsa, ya dube ni sama da ƙasa. "Kai nawa ne?"

Na ce arba'in. Wannan karon kuma gaskiya ce.

Haka na zama lebura na kwana uku. A ofishin na kwana, na ce wa Hajiya aiki ya riƙe ni. Na warware ɗinkinta na gwiwar hannu, wanda ya ci mini awa uku, don wallahi ya fi na Doris kyau. Na wanke sitatin, na mayar da maɓallai da tabo, na sa rigar na tafi kasuwar kayan miya ina taya masu lodi ɗaukar buhunan albasa kyauta. Sun ɗauka taɓin hankali ne. Ranar Juma'a na yi shawara da kaina, na ga ba najasa a jikinta, shayi ne da goro da man kaɗanya, sai na tafi masallaci da ita. Ana sallamewa wani Alhaji da nake ɗinka wa kaftani ya gan ni. Ya ja ni gefe, ya danna mini wani abu a tafin hannu, ya ce, "Haba Malam Habu, abin ya kai haka ba ka yi magana ba?" Na ce, "Alhaji, aiki ne." Ya ce, "Na sani, na sani. Allah ya rufa asiri." Na karɓa, don a lokacin ne na tabbata rigar ta dawo.

Ranar Litinin saurayin ya sa ta. Matar da aikinta shi ne gwada kaya da hotuna ta zagaya shi sau biyu, ta ce komai daidai. Shi dai ya ce rigar ta daina ƙarni, wani ƙamshi take yi kamar na coci. Lusiyan ya ce tunaninsa ne. Fim ya fita, bai yi tashe ba amma ya mayar da kuɗinsa, gidan Faransa ya tsira. Bayansa Lusiyan ya yi finafinai da dama, kuma duk wanda ya ɗauka a nan ni nake yi masa kaya. Bai sake musa mini riga ta biyu ba.

Da kaset ɗin ya fito muka aika Kano. Binta ta ce Hajiya ta gane rigar tun fitowar farko. Wai ashe Bature maigidan ya sayar wa, kuma ga shi nan ya mayar da ita yadda take, da gani shi ma ba shi da kowa.

Kwat ta ƙarshe da na ɗinka wa Lusiyan a ƙarshen shekarun casa'in ce, za a karrama shi a wani taro. Na zagaya tef, da ƙyar hannuwana suka haɗu a bayansa. Ya ce, "Faɗa wa furodusa." Na ce arba'in da takwas. Ya gyaɗa kai, ya tambayi yadi nawa za ta ci, har ya nemi ragi. Na ɗauko ƙyallen wuya da alƙalami, na ce, "A nan fa, me zan rubuta?"

Ya juya ya fuskanci madubi, ya haɗiye tumbin iya ƙarfinsa, ya ɗaga haɓa kamar ranar da na fara ganinsa.

"Furodusa ne zai biya," in ji shi. "Amma ɗan wasa ne zai sa. Rubuta arba'in, Abu."